Kalmar rheum: daga ina ta fito, kuma me ya haɗa kwantsa da sanyin ƙashi?

Tambaya

Assalamu alaikum, Likita. Ni malamin Turanci ne a wata makarantar sakandare a Katsina. Muna karanta wani tsohon rubutu da ɗalibai sai muka ci karo da kalmar rheum. Ƙamus ya ce ruwa ne da ke fita daga ido ko hanci. Wata ɗaliba ta ce to ai kwantsa ke nan, wani kuma ya ce a'a, majina ce, na rasa wanda zan ba gaskiya. Abin da ya ƙara ɗaure mini kai shi ne, a katin asibitin mahaifiyata an rubuta rheumatism saboda ciwon gwiwa, kuma kawuna da ke Maraɗi in yana mura sai ya ce likita ya ce yana da rhume. Shin asalinsu ɗaya? In ɗaya ne, me ya haɗa ruwan hanci da gwiwa?

Amsa

Wa alaikumus salam, Malam. Allah ya ƙara wa Mama lafiya. Ka koma aji ka ba yaran nan gaskiya su biyun, don kowannensu ya kama gefe guda na kalmar. Kuma ƙwarai, rheum da rheumatism da rhume ɗin kawunka duk 'yan ɗaki ɗaya ne. Abin da ya haɗa su wani tsohon tunani ne na likitoci game da yadda ciwo ke yawo a jikin mutum, tunanin da ya yi kusan shekara dubu biyu yana mulki kafin a gane inda ya kuskure. Tunanin ya daɗe da kwantawa dama, amma kalmomin da ya haifa suna nan a bakin mutane da katin asibiti.

Ana furta kalmar ne rum, da jan wasali, ba a jin h ɗin ko kaɗan. A Turancin mutanen dā tana nufin duk wani tsinkakken ruwa da ke tsattsafowa daga ido, ko hanci, ko baki. Tana kuma nufin ciwon kansa, wato mura. Shakespeare ya yi amfani da ita ta kowace fuska. A wasansa The Merchant of Venice, inda Shylock ke ƙorafin an tofa masa abu a gemu, rheum ya kira abin da aka tofa, ka ga a nan miyau ne ko kaki. A Othello kuma, inda Othello ya ce wa matarsa rheum na damunsa ta ara masa hankici, a nan mura ce. A wasu wuraren hawaye yake nufi. Yau Bature ba ya cewa yana da rheum in hancinsa na yoyo. Kalmar ta tsuke, ta koma kusan ido kaɗai: abin da ke taruwa a gefen ido bayan barci, da kuma siffar nan rheumy da marubuta ke yi wa idon tsoho mai yawan ruwa. Saboda haka in a Turancin yau ne, ɗalibarka ta fi kusa. In a tsohon rubutu ne, sai an duba jimlar.

Hausa ba ta yi wa waɗannan abubuwa kuɗin goro ba, kuma ina so ɗalibanka su lura da haka. Na ido in ya taru ya yi kauri kwantsa ne, in yana zuba hawaye ne. Na hanci majina ce, in ta bushe ta zama tasono. Wanda aka kakaro daga maƙogwaro ko ƙirji kaki ne. Na baki miyau ne ko yawu, in yana zuba ba da son mai shi ba a ce dalala. Na ƙurji da gyambo kuma mugunya ce ko diwa, ita wannan ma ba ta shiga cikin rheum ba. Duk uwar da ta taɓa tada yaro da safen hunturu, ta tsoma yatsa a ruwan ɗumi ta goge masa ido, sannan ta kama bakin zane ta ce ya fyace, ta san abu biyu ta share, kuma kowanne da sunansa. Don haka kada ka wahalar da kanka neman kalmar Hausa guda da za ta ɗauki rheum gaba ɗaya. Kowace jimla za ta gaya maka wadda take so.

To me ya sa Turanci ya haɗa su a suna ɗaya? Saboda waɗanda suka ƙirƙiri sunan sun ɗauka abu ɗaya ne, daga mafita ɗaya, hanya ce kawai ta bambanta.

Asalin kalmar Girkanci ne. Akwai aikatau rheo, ma'anarsa gudana ko kwarara, irin yadda ruwa ke yi. In Girkawa suka liƙa wa aikatau ɗafin -ma a ƙarshe, sai ya zama sunan abin da aikin ya haifar. Rheuma ke nan: abin da ke gudana. Tun farko ba ta da wata alaƙa da ciwo. Gudun kogi rheuma ne, igiyar ruwan teku rheuma ce. Har gobe Girkawa suna amfani da ita, suna furta ta revma, kuma da ita suke kiran wutar lantarki. Mu mun dubi haskenta da zafinta muka ce wuta, su sun dubi yadda take bin waya suka ce mai gudana.

Shi wannan h da ba a furtawa, wanda na san yana ba ɗalibai wahala a rubutu, shi ma yana da labari. Masana tarihin harsuna sun nuna cewa tushen kalmar a kakan harsunan Indiya da Turai yana farawa ne da sr. A harshen Sanskrit na Indiya s ɗin ya zauna, suna cewa sravati, wato yana gudana. A Turanci ma ya zauna, har t ya kutsa tsakani, aka sami stream, ƙorama. A Jamusanci Strom, wadda ita ma take nufin babban kogi da wutar lantarki duka biyu. A Girkanci kuwa s ɗin ya narke ya koma hucin numfashi a kan r. Da Romawa suka zo rubuta kalmomin Girka da haruffansu, sai suka nuna wannan huci da rh. Ke nan stream da rheum 'yan'uwa ne na jini, ɗaya ta gado ta zo wa Turanci, ɗaya ta aro.

Hanyar aron a bayyane take. Latinanci ya karɓi rheuma daga littattafan likitocin Girka. Tsohon Faransanci ya taune ta ta koma reume, a haka ta tsallaka Ingila, ta bayyana a rubutun Turanci a ƙarshen ƙarni na 14, ba h a jikinta. Daga baya masu ilimi da suka koma karanta Girkanci da Latinanci suka mayar mata da h ɗin a rubutu, baki kuma ya ƙi bi. A Faransa kalmar ta zama rhume, ta tsaya a kan mura, ita ce ta iso Maraɗi da Damagaram da Yamai ta bakin likita da makaranta.

Yanzu ga tunanin da ya mayar da gudun kogi sunan ciwo. Likitocin Girka, tun daga makarantar Hippocrates wanda Larabawa ke kira Abuƙiraɗ, da aka haifa a tsibirin Kos wajen shekara 460 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), sun tafi a kan cewa jiki na ɗauke da ruwaye huɗu: jini, da farin kaki mai yauƙi, da ruwan matsarmama rawaya, da wani baƙi da suka danganta da saifa. Lafiya ita ce su daidaita. Ciwo shi ne ɗaya ya yi yawa, ko ya lalace, ko ya bar mazauninsa ya kwarara inda bai kamata ba. Kowanne da ɗabi'arsa. Shi kakin mai sanyi ne mai danshi, lokacinsa damina da sanyi, ya fi yawa a jikin tsofaffi, kuma gidansa kai.

Hoton da ke ransu ba shi da wuyar ganewa. Ka tuna tukunyar da ke tafasa a murhu an rufe ta da murfin ƙarfe. Tururi ya tashi, ya bugi murfin da ya fi shi sanyi, ya koma ɗigon ruwa, in ka ɗaga murfin sai ka ga yana zuba ta gefe. Haka suka ɗauki mutum. Ciki ne tukunya, abinci na dahuwa a ciki, tururinsa na hawa sama. Ƙwaƙwalwa ce murfin, don a ganinsu ita ce mafi sanyi da danshi a jiki. Aristotle, masanin falsafar Girka, ya kwatanta abin da yadda ruwan sama ke haɗuwa: tururi ya hau, ya yi sanyi, ya sauko. In mutum ya shiga sanyi, ko iska ta buge shi, ko ya kwana da jiƙaƙƙen kai, sai ruwan ya yi yawa ya fara neman hanya. Wannan saukowar ita ce rheuma.

Wanda ya ɗaure wannan tunani da igiya mai ƙarfi shi ne Galen, Jalinus a littattafan Larabci, wanda aka haifa a shekara ta 129 a Pergamon, garin da yau ake kira Bergama a Turkiyya. Ya yi fiɗar dabbobi da yawa, kuma ya ga abin da ya ɗauka hujja ce. A rufin hanci, tsakaninsa da ƙwaƙwalwa, akwai wani siririn ƙashi mai ƙananan huji kamar rariyar tankaɗe. Sunansa ma a likitance har yau ma'anarsa mai kama da rariya. Sai ya ce ta nan ƙwaƙwalwa ke tace dattinta zuwa hanci. A ƙarƙashin ƙwaƙwalwa kuma akwai wani ɗan ƙullutu da bai wuce girman ƙwayar wake ba, rataye da wata 'yar jijiya mai siffar mazurari. Aka ce shi ne matattarar majinar kai, daga nan take sauka maƙogwaro. A littafinsa na 1543 Vesalius, masanin ƙirar jikin mutum, ya kira shi da sunan da ke nufin ƙullutun da ke karɓar majinar ƙwaƙwalwa, da yake majina a Latinanci pituita ce. Sunan pituitary ke nan. Yau mun san wannan ƙullutu shi ke ba da umarni ga girman jiki, da zuwan al'ada, da kawo ruwan nono, da aikin wasu ƙullutai da dama. Duk wannan matsayi, sunan majina yake amsawa.

Da ka riƙe wannan hoto, tambayarka ta gwiwa ta warware da kanta. Ruwan da ya sauko daga kai, a tunaninsu, duk inda ya faɗa nan ciwo yake. Ya bi ta hanci, mura. Ya bi ta ido, kwantsa da hawaye. Ya faɗa ƙirji, tari. Ya gangara har gaɓoɓi ya maƙale, sai kumburi da zogi. Abin da ya ƙara musu yaƙini shi ne wani irin ciwon gaɓoɓi da ke tashi daga wannan gaɓa ya koma waccan, yau gwiwa, jibi idon sawu, gata gwiwar hannu. Wanda ya ga haka da idonsa, ba shi da madubin ganin ƙwayar cuta, ba laifinsa ba ne in ya ce wani ruwa ne ke yawo. Girkawa na da kalmar rheumatismos don kowace irin kwarara. Wani likitan birnin Paris, Guillaume de Baillou, wanda ya rasu a 1616, shi ya keɓe ta ga ciwon gaɓoɓi da tsoka mai game jiki, a littafin da aka buga bayan rasuwarsa, a 1642. Daga nan ta zauna a inda ka same ta a katin Mama.

Danginta suna da yawa, kuma ɗalibanka sun san su ba tare da sanin zumuncin ba. Catarrh da kowa ke faɗa a Najeriya in yana mura, daga kata ce, wato ƙasa, da gudana: abin da ke kwararowa ƙasa. Diarrhoea kwarara ce da ta ratsa ta wuce, zawo ke nan. Haemorrhoid, basir, mai zubar da jini. Gonorrhoea kuwa, wato ciwon sanyi, sun sa mata sunan ne a kan kuskure, sun ɗauka maniyyi ne ke zuba, alhali mugunya ce, kuma sai a 1879 Albert Neisser ya gano ƙwayar da ke kawo ta. Kalmar gout ta ciwon nan mai kama babban yatsan ƙafa ba daga wannan tushe take ba, daga gutta ta Latinanci ce, ɗigo, amma tunanin ɗaya ne: mugun ruwa na ɗiga cikin gaɓa. Sai dai a yi hattara, ba duk mai rh ne ɗan gidan ba. Haemorrhage daga wani aikatau ne daban mai ma'anar fashewa, rhinitis kuma daga kalmar hanci.

Wannan ilimi bai tsaya a Turai ba, kuma a nan ne labarin ya matso kusa da mu. A Bagadaza, a ƙarni na 9, Hunainu ɗan Ishaƙ, wanda ya rasu a 873, shi da almajiransa suka juya littattafan Jalinus da Abuƙiraɗ zuwa Suriyanci da Larabci. Wasu kalmomin suka ɗauko su yadda suke: phlegma ta Girka, sunan farin kakin nan, ita ce ta zama balgam. Wasu kuma suka fassara ma'anarsu. Mura mai saukowa suka kira ta nazla, daga nazala, ya sauka, daidai da catarrh ba ragi ba ƙari. Ibn Sina, wanda ya rasu a 1037, ya bayyana a cikin littafinsa Alƙanun cewa zukam da nazla duk abu ne mai kwararowa daga ƙwaƙwalwa, ana keɓe zukam ga wanda ya bi ta hanci, nazla ga wanda ya sauka maƙogwaro. 'Yan'uwanmu na Sudan har yanzu nazla suke ji a bakin maƙwabta in ana maganar mura. Littattafan ɗibbu na Larabci sun iso ƙasar Hausa tare da sauran ilimi, malamanmu sun karanta sun kuma rubuta nasu. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, wanda ya rasu a 1837, ya bar risaloli a kan magani, ciki har da ta basir da ta ciwon ido. Saboda haka in ka ji mai maganin Musulunci a kasuwa yana lissafa dam da balgam da safra'u da sauda'u, ruwayen nan huɗu na Kos ne yake kira da sunayensu na Bagadaza.

Ka kuma saurari yadda mu kanmu muke magana. Mura, sanyi ne ya kama mutum. Ciwon gaɓoɓi, sanyin ƙashi. Ciwon da ke sa namiji fitar da mugunya ta gaba, ciwon sanyi. Ruwan da ke damun mata, sanyin mata. Abubuwan nan da Girkawa suka tara a ƙarƙashin kwarara, kusan su ne Bahaushe ya tara a ƙarƙashin sanyi. Raba ciwo zuwa na zafi da na sanyi abu ne da al'ummu da yawa suka kai gare shi da kansu, don kowa ya ga mura na yawaita da hunturu, tsofaffi kuma na kukan gwiwa in gari ya yi sanyi. Abin da nake nuna maka shi ne, tambayar da ta ɗaure maka kai a Turanci tana nan a Hausa, sabo ne ya hana mu jin ta. Mu ma mun haɗa hanci da gwiwa a kalma ɗaya.

Akwai wani tarko da nake so ka kauce masa, don na sha jin ana faɗawa. Larabci na kiran kwantsa ramas, da kuma gamas, wasu masana lugga sun ce wadda ta daskare ita ce ramas, mai ruwa ita ce gamas. Kunne na jin ramas da rheum sai zuciya ta ce ɗaya aka ara daga ɗaya. Ba su haɗa komai ba. Ramas tushenta na Larabci ne mai baƙaƙe uku, rheum kuma ka ga inda ta fito. Kama da wane ba ta wane.

An daɗe kafin wani ya tsaya ya duba ko hujin nan na rariya a buɗe suke da gaske. Wanda ya yi shi ne Conrad Victor Schneider, malamin likitanci a Wittenberg ta Jamus, a jerin littattafansa kan mura da suka fara fitowa a 1660. Ya nuna cewa a jikin mai rai hujin ba fanko ba ne, jijiyoyin jin wari ne suka ratsa ta ciki suka cike su, ga kuma fatar da ta lulluɓe ƙwaƙwalwa ta rufe su ta sama. Majina kuwa a nan cikin hanci ake yin ta, fatar da ta shimfiɗe cikinsa ita ke fitar da ita. Har yau ana kiran wannan fata da sunansa. Richard Lower na Ingila ya ƙarfafa wannan a 1672. Duk da haka Faransawa ba su daina cewa rhume de cerveau ba, wato murar ƙwaƙwalwa. Ka tambayi kawunka, mai yiwuwa ya taɓa ji.

Majina dai kariya ce. Tana kama ƙura da ƙwayoyin cuta, tana jiƙa iskar da muke shaƙa, kuma kullum ana yin ta muna haɗiyewa ba mu sani ba. In ƙwayar bairos ta mura ta shiga, sai fatar ta kumbura ta ninka aiki. Ita kuma kwantsa, ido na da wani siririn rufi na ruwa da ke kansa dare da rana, haɗin abu uku: yauƙi daga fatar farin ido, ruwa daga ƙullutun hawaye da ke sama ta gefen waje, da maiƙo daga ƙananan ƙullutai da ke jere a bakin fatar ido. Duk ƙiftawa tana share wannan haɗi zuwa lungun ido na wajen hanci. In ka ja fatar idonka ta ƙasa a gaban madubi, za ka ga wani ɗan huji kamar na allura a can lungun. Ta nan ruwan ke bi ya faɗa hanci, shi ya sa mai kuka ke jan majina. Bahaushe ya ce abin da ya taɓa hanci, ido kan yi ruwa, kuma hanyar da ta haɗa su tana nan a zahiri. In mutum ya yi barci ƙiftawa ta tsaya, sai yauƙin da maiƙon da ƙura da matattun ƙwayoyin fata su taru a lungun, ruwan ya bushe. Ita ce kwantsar safe. 'Yar kaɗan, fara ko ruwan ƙasa-ƙasa, wadda wanke fuska ke kawar da ita, alamar ido na aikinsa ce.

Wadda ba ta lafiya ba ita ce mai yawa, rawaya ko kore, mai liƙe ido har a kasa buɗewa, tana dawowa da an goge, musamman in da ja ko zafi ko gani ya ragu. Kowa ya san afolo, wanda ya fara ɓarkewa a Ghana a 1969, shekarar da kumbon Apollo 11 ya sauka a wata, ya kuma ɗauki sunansa daga nan. Shi yawanci yakan wuce da kansa. Wadda nake roƙon kowa kada ya yi wa jinkiri ita ce ta jariri a kwanakinsa na farko. In idonsa ya kumbura yana fitar da mugunya, a kai shi asibiti a ranar. Kada a tsaya ɗiga nono ko sa kwalli. Ƙwayar ciwon sanyi da ya ɗauka wajen haihuwa na iya cinye baƙin idon cikin 'yan kwanaki.

Abin da ya fi ba ni sha'awa a duk labarin nan shi ne, akwai hali guda da maganar Jalinus ke zama gaskiya. Ƙwaƙwalwa na zaune ne cikin wani ruwa garai mai kare ta. In mutum ya faɗi daga babur ya bugu a kai, ƙashin nan na rariya na iya tsagewa, fatar da ke samansa ta yage. Na ga irin wannan: saurayi ya zo bayan kwana biyu da haɗari, ya ce mura ce ta kama shi, amma ta hanci ɗaya. Na ce ya sunkuya. Sai ga ruwa fari tas kamar na famfo yana ɗiga ɗaya bayan ɗaya a kan tayil, ba yauƙi, ya ce yana jin gishiri-gishiri a maƙogwaro. Wannan ruwan ƙwaƙwalwa ne da gaske. Ƙofar da ya fita ta nan ƙwayar cuta za ta iya shiga ta kawo sanƙarau. Mai irin wannan kada ya fyace hanci, kada ya cusa komai, asibiti kai tsaye.

Na dawo kan katin Mama, don shi ya fi damuna. Rheumatism a yau ba sunan ciwo guda ba ne. Buhu ne, kamar yadda sanyin ƙashi yake buhu, kuma cututtukan da ke cikinsa sun haura ɗari. Akwai zaizayewar gurguntsin gwiwa da shekaru da nauyin jiki ke kawowa, shi ya fi yawa ga iyayenmu mata, yakan tsananta da tafiya da hawan bene da tashi daga zaman tabarma. Akwai wanda garkuwar jiki ce ke juyowa ta yaƙi gaɓoɓi, wanda Alfred Garrod ya raɗa wa suna rheumatoid arthritis a 1859. Shi yakan kama ƙananan gaɓoɓin hannu dama da hagu lokaci ɗaya, da sandarewar safe mai wuce awa guda, kuma in ba a fara maganinsa da wuri ba yana lanƙwasa yatsu. Akwai gout, wanda gishirin wani sinadari ne ke taruwa a gaɓa. Ga kuma zogin ƙashi na sikila, amosanin jini, wanda yara da yawa suka sha gashi da tsaga a kansa da sunan sanyi.

A cikin buhun akwai guda da ya kamata kai malamin makaranta ka sani fiye da kowa, don ɗalibanka yake kamawa, 'yan shekara 5 zuwa 15. Shi ne ainihin ciwon nan mai yawo daga gaɓa zuwa gaɓa da ya ruɗi mutanen dā, ana kiransa rheumatic fever. Yaro zai yi ciwon maƙogwaro da zazzaɓi, na wata ƙwayar bakteriya, ya warke ko a cire masa beli a ce an gama. Bayan sati biyu zuwa uku sai gwiwa ta kumbura ta yi zafi, ta saki, idon sawu ya ɗauka. Gaɓoɓin suna warkewa sarai. Ɓarnar tana zuciya, inda garkuwar jiki ke cin ƙyauren da ke tsare jini, sai bayan shekaru a ga budurwa na haki in ta ɗauko ruwa, ko ciki na fari ya nemi ranta. Maganin farkon abin kuwa mai arha ne, penisilin a kan lokaci, wanda ya riga ya kamu kuma allurarsa duk sati uku ko huɗu na tsawon shekaru. In ɗalibi ya zo maka yana ɗingishi bayan ya yi fashin makaranta saboda maƙogwaro, ka aika wa iyayensa.

Ita kuwa Mama, in za ku koma asibiti, ka tafi da amsar waɗannan: gwiwa ɗaya ce ko biyu, akwai wasu gaɓoɓin, tana kumbura ko tana ɗaukar zafi, da safe ta fi tsanani ko bayan ta wuni a tsaye, kuma minti nawa take ɗauka kafin ta saki in ta tashi daga barci. Ka tafi da duk ƙwayoyin da take sha, har na kemis da na 'yan talla, don yawancin haɗin da ake sayarwa da sunan maganin sanyin ƙashi na ɗauke da masu cin ciki da ƙoda. Sannan ka roƙi likitan cikin ladabi ya gaya maka wanne ne daga cikin buhun, ya rubuta sunansa a katin.